Akawun Fada Da Hanyar Mota

Cikin littattafan da Turawa suka rubuta a kan zamanin mulkinsu a ƙasar nan, akwai ɗaya wanda muke gani ya kamata duk mai riƙe da alƙalamin ofis ya san labarinsa, don kuwa akawu ne jigon cikinsa. Sunansa Mister Johnson, an fara buga shi a Ingila cikin 1939. Wanda ya wallafa shi wani Bature ne, Joyce Cary, haifaffen ƙasar Ailan cikin 1888. Ba jita-jita ya ji ya rubuta ba. Ya kama aikin mulki na Nijeriya cikin 1913, ya yi yaƙin Kamaru har aka yi masa rauni a dutsen Mora cikin 1915, daga baya aka kai shi Bargu, inda ya yi ta fama da saran hanyoyi da kafa gadoji. Ya bar aiki cikin 1920, ya rasu cikin 1957.

Ita Bargun ma, yadda ta shiga hannun Turawa abin a tsaya a duba ne. Cikin 1894 Lugga, tun bai zama Gwamna ba, ya yi tsere da Faransawa zuwa Nikki a madadin Kamfanin Neja. Ya riga su isa, amma bai sadu da Sarki ba, wakilai suka sa masa hannu a takarda ya juya. Ba a daɗe ba Faransawa suka iso, suka ce tasu takardar ita ce ta gaskiya, don da Sarki suka ƙulla. Aka yi ta gardama a Turai har 1898, sa'an nan aka tsaga ƙasar biyu, Nikki ta faɗa wa Faransa, Busa da Kayama suka faɗa wa Ingila. Watau Cary ya yi mulki ne a ƙasar da aka samu da takardar da ake tababa a kanta. Littafinsa kuwa duk a kan takardu yake juyawa.

Ga yadda labarin yake. Johnson saurayi ne ɗan Kudu, ya yi makarantar Mishan, aka kawo shi wani gari na Arewa da marubucin ya ƙaga ya kira Fada, yana akawun gwaji. Yaro ne mai fara'a da son waƙa da biki, ga shi yana ɗaukar kansa Baturen Ingila sosai. Ya auri wata yarinya Bamu, bashi ya yi masa katutu. Wazirin garin ya lura da haka, ya riƙa ba shi 'yan kuɗi, shi kuwa yana sato masa rahoton asiri da Joji yake rubutawa a kan Sarki. Jojin, mai suna Rudbeck, ba abin da ke ransa sai hanyar mota wadda za ta haɗa Fada da babbar hanya. Kuɗin hanya suka ƙare, aiki ya tsaya.

To, a nan ne gizo yake saƙa. Duk wanda ya san aikin Baitulmali na zamanin En'e ya san kowane kuɗi da kansa, kuma ba a ɗebo na wannan kai a kashe a wancan sai da izni daga sama. Johnson ya nuna wa maigidansa dabara: a ɗebi kuɗi daga kawunan da ba a taɓa ba a biya lebura, a littafi kuwa a rubuta kamar an kashe su inda aka nufa tun farko. Rudbeck ya san haramun ne, ya yarda, aiki ya ci gaba. Da ya tafi hutu sai wani Bature mai bin ƙa'ida, Tring, ya karɓi ofis, ya bi littattafai, ya ga ɓarna. Wa aka kora? Akawu. Shi Rudbeck da hutunsa ya ƙare ya komo kan kujerarsa.

Muna roƙon mai karatu ya auna wannan da kyau. Mutum biyu suka yi laifi ɗaya. Ɗaya ya kawo shawara, ɗaya ya sa hannu, kuma ko yaro ya san sa hannu ya fi shawara nauyi. Amma da ranar bincike ta zo, na Joji ya zama himma ce ta yi yawa, na akawu ya zama halin ɓera. Ba mu ce Johnson wankakke ne ba, ai mun faɗi cinikinsa da Waziri. Abin da muka ce shi ne, mudun da aka auna shi da shi ba da shi aka auna maigidansa ba. Cary bai ɓoye wannan ba, kuma a ganinmu nan ne littafin ya fi ƙarfi, don ya fito daga hannun wanda ya taɓa zama a kujerar Joji da kansa.

Sauran labarin gangara ce. Johnson ya yi aiki a kantin wani tsohon Saje, Gollup, aka kore shi. Ya koma wurin Rudbeck, ya tara masa ɗaruruwan ma'aikata da kiɗa da giya har hanya ta ƙaru. Sai aka tarar yana karɓar kuɗi a hannun fatake a zango ba bisa doka ba, Rudbeck ya sake sallamarsa. Hanyar kuma da aka ce za ta kawo arziki ta kawo shi, amma ta taho da ɓarayi da rigingimu, abin da Sarki da Waziri suka yi gudu tun farko. Daga ƙarshe Johnson ya shiga kantin Gollup sata da dare, aka rutsa shi, ya soke Sajen da wuƙa. Rudbeck ne ya yi shari'ar, hukunci ya zama rataya. Johnson ya roƙe shi, don zaman da suka yi, ya harbe shi da hannunsa kada a rataye shi. Ya kuwa harbe shi.

Amma fa littafin da ya tona yaudarar mulki bai kuɓuta daga tasa ba. Mutanen Fada a cikinsa kamar ba su da tarihi, ba malamai, ba hankali sai camfi da ƙazanta. Shi kansa Johnson an zana shi kamar ƙaton jariri, har ana shirin kashe shi yana yi wa mai kashe shi godiya. Turawa da yawa sun karanta sun ce ba a taɓa rubuta littafi a kan Afirka kamarsa ba. Da aka ba ɗaliban Kwalejin Jami'a ta Badun shi su karanta, sai abin ya zo da saɓani. Chinua Achebe, wanda ya shiga kwalejin cikin 1948, ya ba da labari a littafinsa Home and Exile na 2000 cewa wani ɗan ajinsu ya tashi ya gaya wa malaminsu Bature, shi bai ji daɗin kome a littafin ba sai wurin da aka harbe Johnson. Ba mugunta ta sa shi faɗin haka ba. Ya ƙi yarda ne a nuna masa wannan wawa a ce ɗan ƙasarsu ne.

Achebe ya ce haushin littafin nan na cikin abin da ya sa shi ɗaukar alƙalami. Cikin 1958 ya fitar da Things Fall Apart, cikin 1960 kuma No Longer at Ease, wanda shi ma labarin ma'aikacin Gwamnati ne, Obi Okonkwo, da bashi ya kai shi ga cin hanci a Ikko har aka kama shi da fam 20. Laifin kusan ɗaya ne da na Johnson, amma a nan mai karatu yana ganin uwar mutumin da ubansa da mutanen garinsu da suka tara kuɗi suka kai shi karatu Ingila, yana kuma ganin yadda kowane sule ya fita daga aljihunsa. Malamin da zai ba 'yan ajinsa ɗaya daga cikin littattafan nan biyu, muna ba shi shawara ya haɗa musu da ɗayan, su fara da na Cary.