Idan Ana Yi Muku Barazana: Yadda Ake Neman Kariyar Kotu

Mutane da yawa sun ɗauka sai an zubar da jini hukuma ke sa baki. Ba haka ba ne. Wanda ya ce zai kashe ku ko zai nakasa ku ya riga ya taka doka, kuma kuna iya zuwa kotu tun kafin ya aikata.

Mene ne umarnin kariya?

Takarda ce da alƙali ke bayarwa, wadda ke hana mai barazanar taɓa ku, shiga gidanku ko zuwa wurin aikinku. A Najeriya, dokar hana cin zarafin mutane ta 2015, wadda ake kira VAPP, ita ta tanadi wannan. A Abuja ta fara aiki, daga baya jihohi da dama suka yi tasu, ciki har da Kaduna a 2018. Don haka ku fara tambayar wace doka ke aiki a jiharku.

Wa zai iya nema?

Mace ko namiji, duk ɗaya. Idan tsoro ya hana ku fita, ɗan sanda, ma'aikacin lafiya ko malamin makaranta na iya nema a madadinku, da rubutacciyar amincewarku. Idan yaro ne ko wanda ya suma, ba sai an jira wannan amincewar ba.

Yaya ake yi?

Ku fara kai rahoto caji ofis. Kada ku goge saƙon waya ko muryar da aka turo muku ta WhatsApp. Ku rubuta rana da lokaci, da sunan duk wanda ya ji da kunnensa. Sannan a shigar da buƙata a kotu tare da takardar rantsuwa, wato bayanin abin da ya faru da kuka rantse a kansa. Idan alƙali ya ga akwai haɗari, yana iya ba da umarnin wucin gadi nan take, kafin a saurari ɗaya ɓangaren.

Za a ba ku ɗan sanda ya tsare ƙofa?

Galibi a'a. Amma kotu na iya sa ɗan sanda ya raka ku kwaso kayanku, ko ya ƙwace makamin mai barazanar. Akan kuma haɗa umarnin da takardar kamu. A dokar Abuja, wanda ya karya umarnin na iya fuskantar tarar da ta kai naira 300,000, ko ɗaurin wata 6, ko duka biyu.

Nawa ake kashewa?

Kai rahoto wurin 'yan sanda kyauta ne. Kuɗin shigar da takardu ya bambanta daga kotu zuwa kotu. Idan ba ku da halin ɗaukar lauya, ku tuntuɓi Hukumar Ba da Tallafin Shari'a ta ƙasa, ko ƙungiyar lauyoyi mata ta FIDA, ko Hukumar Kare Haƙƙin Ɗan Adam. Da zarar umarnin ya fito, ku riƙe kwafi a jikinku, ku kai wani caji ofis mafi kusa da gidanku.