IN KOTU TA KAMA KAYAN WANI A KAN BASHIN WANI

Tun da aka gama dam ɗin Tiga a 1974 ruwan rani ya wadata a ƙasar Bunkure da Kura da Kadawa. Noman shinkafa da alkama da tumatir ya bunƙasa, cin bashi kuma ya ƙaru, domin taki da iri da ƙwadago duk kuɗi suke ci. Daga nan ne wata rigima ke tasowa wadda ya kamata kowane manomi ya san maganinta.

Ga yadda abin ke faruwa. Wani manomi ya ci bashin taki a wurin ɗan kasuwa, ya kasa biya. Aka kai shi ƙara, alƙali ya ce ya biya, bai biya ba. Sai kotu ta aiko ma'aikacinta ya kama kayansa don a yi gwanjonsu. Ma'aikacin ya tarar da injin ban ruwa, da bijimai biyu na huɗa, da awaki, da buhunan shinkafa, ya rubuta duka. Alhali kuwa injin na maƙwabci ne, aro aka yi. Bijiman kiwo aka ba shi. Awakin na matarsa ne. Shinkafar kuwa ajiyar wani fatake ce.

Ma'aikacin kotu bai san gaibu ba. Abin da ya gani a hannun wanda ake bi bashi, shi zai ɗauka nasa ne. Amma doka ba ta yarda a biya bashin mutum da dukiyar wani ba, ko da ɗan'uwansa ne ko matarsa. Dokar zartar da hukunci ta 1945, wadda manyan kotuna da kotunan majistare ke aiki da ita, ta buɗe wa mai kaya hanya. A kotunan Shari'a ma haka ne, malaman Malikiyya suna kiran wannan babi istihƙaƙi, watau mutum ya tabbatar da cewa abin da ke hannun wani nasa ne.

Abu na farko, kada mai kaya ya tare ma'aikacin kotu da faɗa, kada kuma ya je da dare ya ɗauke abinsa. Yin haka laifi ne dabam, mai gaskiya sai ya koma mai laifi.

Na biyu, ya hanzarta. Ya kai takarda ga ma'aikacin da magatakardan kotun, da sunansa da inda yake zaune, da bayanin kayan ɗaya bayan ɗaya, da yadda suka zama nasa. Dalilin hanzari shi ne, dokar ta 1945 kwana 5 kurum ta sa a jira bayan ranar kamu kafin a sayar. Kayan gwari kuwa, kamar tumatir, ko wannan jiran babu, gama ruɓewa suke yi.

In takardar ta shiga, sai a sanar da mai bin bashi. In ya yarda kayan ba na wanda yake bi ba ne, sai a sake su. In ya musa, sai kotu ta ba da sammaci, ta kira shi da mai da'awar su zo gabanta. Wannan shari'a ba ta sake duba bashin ba, tambaya ɗaya ce tak: ran da aka kama kayan nan, na wane ne? Kafin a yanke, mai da'awa yana iya ajiye kuɗin kayan ko ya kawo jingina don a dakatar da gwanjo. In bai yi ba, ana iya sayarwa a ajiye kuɗin a kotu har a ga mai gaskiya. Amma kowa ya san kuɗin gwanjo ba safai yake sayen wani inji ba, ga kuma alkama tana jiran ruwa.

Kawo hujja yana kan mai da'awa, tun da a hannun wani aka sami kayan. Nan ne mutane da yawa ke faɗuwa, domin sun ba da abinsu a kan amana, ba takarda ba shaida. Wanda kuwa ya yi da'awar ƙarya don ya ɓoye wa ɗan'uwansa dukiya, kotu tana iya ɗora masa kuɗin shari'a.

Saboda haka rigakafi ya fi magani. Mai inji ya adana rasit, ya rubuta lambar da ke jikin injin. Mai ba da kiwo ya yi a gaban mai unguwa da shaidu biyu, a rubuta kamannin dabbar. Mai ajiyar hatsi ya sa alamarsa a buhu, ya karɓi takarda mai kwanan wata. Wanda ya karɓi gona haya ko jingina ya tabbata dagaci ya sa hannu, domin a san amfanin da ke cikinta nasa ne, ba na mai gonar ba. Mata su ma su sa a san dabbobinsu da kayan ɗakinsu.

Rubuta takarda ba rashin yarda ba ne, kiyaye zumunci ne. Allah ya ba da damina da rani masu albarka, ya raba manoma da bashin da ya fi ƙarfinsu, amin.