Kafin A Ce "Na Yafe": Haƙƙin Wanda Mota Ta Ji Wa Ciwo

A garuruwa da yawa na Arewa, maganar diyyar hatsari a bakin gadon asibiti take ƙarewa. Mai mota ya zo da dattawan unguwa ko shugabannin tasha, a yi jaje, a biya kuɗin ɗinki da hoton ƙashi, a damƙa wa iyali ɗan abin cefane, a ce ƙaddara ce, Allah ya kiyaye gaba. Sai daga baya likita a Asibitin Ƙashi na Dala ya ce dole a sa ƙarfe a ƙafa, ɗan acaɓan da aka buge, wanda ke riƙe da gida, kuma ba ya iya taka birki. A lokacin an riga an dangwala yatsa a takardar sulhu.

Yafiya haƙƙin wanda aka ji wa ciwo ne, kuma tana da lada. Sai dai mutane da yawa suna yafewa ne don tausayin direban da ba shi da ko sisi, alhali ba lallai daga aljihunsa kuɗin za su fito ba. Tun daga wata doka ta 1945 aka wajabta wa masu mota a Najeriya inshorar da ke biyan wanda motarsu ta yi wa ɓarna. Daga 1 ga Janairun 2023, hukumar kula da inshora ta NAICOM ta ƙara kuɗinta ga motar gida daga naira 5,000 zuwa 15,000, ta kuma ɗaga iyakar biyan ɓarnar dukiya daga miliyan 1 zuwa miliyan 3. Wannan adadi na miliyan 3 yana ruɗa jama'a. Na dukiya ne, kamar babur ko shagon da aka rusa. Rauni da rasa rai lissafinsu daban. Idan kuma direban yana bakin aikin wani kamfani ne, kamar masu tirela da tanka, kamfanin ma yana da alhaki.

Takardun inshora na bogi sun yi yawa, don haka ana duba lambar mota a rumbun bayanan inshora na NIID kafin a saki jiki.

A kotu, diyya kashi biyu ce. Akwai abin da aka kashe ko aka rasa a zahiri: magani, tiyata, sufuri, kuɗin shigar kwanakin jinya. Wannan sai da hujja ɗaya bayan ɗaya, kuma a nan talaka ya fi faɗuwa, domin rasit ya ɓace, mai ɗori kuma ba ya rubuta takarda. Sai wanda alƙali ke kimantawa da kansa: azabar da aka sha, nakasa, da sana'ar da ta gagara har abada. Abin da ke ɗaga wannan kashi shi ne rahoton likita da ya fayyace girman nakasar da jinyar da ta rage, tare da rahoton ƴan sanda da shaidun gani da ido. Sakacin wanda ya ji ciwon, kamar hawa babur ba hular kwano, yana iya rage kuɗin amma ba lallai ya soke su ba.

Masu ganin neman diyya rashin tawakkali ne ya kamata su waiwayi littafin Risala, wanda ake karantawa a zaurukan malamai. A mazhabar Malikiyya cikakkiyar diyya raƙumi 100 ce ko dinari 1,000, hannu ɗaya rabin haka, yatsa raƙumi 10, haƙori 5. Kuma ba a yanke diyyar rauni sai ya warke an ga abin da ya bari. Ke nan gaggawar sulhu a makon farko ba ta da madogara ko a fiƙihu.

Jira ma yana da iyaka, domin kowace jiha na da wa'adin shigar da ƙara. Idan motar hukumar gwamnati ce, dokar kare jami'an gwamnati wata 3 kacal ta bayar. Wanda ba shi da kuɗin lauya ya nufi ofishin Majalisar Ba da Agajin Shari'a a jiharsa, domin ƙarar diyyar hatsari tana cikin ayyukan da dokar 2011 ta ɗora mata. Ya tafi da katin asibiti, rasit, hotunan rauni da lambar motar.