Ƙarar Zaɓe Ba Ta Jiran Mai Ita

Mutanen Ƙaura Namoda da Shinkafi da Zurmi sun ga abin da shari'a kan yi wa zaɓe. Ran 24 ga Mayu, 2019, Kotun Ƙoli ta soke ƙuri'un jam'iyyar APC a Zamfara baki ɗaya, saboda ba ta yi zaɓen fid da gwani bisa ƙa'ida ba. Da haka Alhaji Sahabi Ya'u na PDP ya zama Sanatan Zamfara ta Arewa. Ɓangaren Sanata Kabiru Marafa ne suka bi maganar sau da ƙafa, tun daga Gusau zuwa Sakkwato har Abuja.

Amma ba kowane mai ƙara ke da wannan naci ba. Wani kan kai kukansa kotun zaɓe cikin kwana 21 da aka yanka masa, sa'an nan ya miƙe ƙafa. Dokar Zaɓe ta 2022 kuwa ta ce in an gama musayar takardu, kwana 7 gare shi ya nemi zaman share fage. In ya yi sake, sai a kori ƙarar a kan ya yi watsi da ita, kuma kotun ba ta sāke buɗe ta. Ko shaida ɗaya ba za a saurara ba. Talakawan da suka sha rana a layi domin sa, sai dai su ji labari a rediyo.