Tambayoyi Uku a kan Turancin Ɗalibanmu

Malaman da ke koyar da Turanci a makarantun kewayen Dukawuya, gab da tsohon mazaunin Jami'ar Bayero, sukan zo mana da kuka iri ɗaya. Sukan ce sun gyara wa yaro kuskure sau goma da jan biro, amma ran jarrabawa sai ya sake shi. Abin kuwa ba na wasa ba ne, gama wanda bai ci Turanci da kyau a jarrabawar gama sakandare ba, da wuya ya sami shiga jami'a. Na zaɓi uku daga cikin tambayoyin da suka fi yi, don in nuna cewa yawancin kurakuran nan suna da asali, watau ƙa'idar Hausa ce yaro ke bi da kalmomin Turanci.

Tambaya ta fari ita ce, don me yaro ke cewa "borrow me your pen"? Turanci ya ware kalma biyu, "borrow" ga mai karɓa, "lend" ga mai bayarwa. Hausa kuwa da saiwa ɗaya take aiki, sai siffar aikatau ta nuna inda abin ya dosa. In an ce "Audu ya ari keke", shi ya karɓa. In an ce "Audu ya ara wa Bala keke", shi ya bayar. F. W. Parsons, wanda ya kasa aikatau na Hausa aji bakwai a 1960, ya sauƙaƙa mana bayanin wannan: "ari" na aji na biyu ne, "ara" na aji na ɗaya. Larabci ma haka yake, daga saiwa guda aka fitar da "a'ara" da "ista'ara". Sa'an nan Hausa ta raba abin da Turanci bai raba ba. Keke da tsani da tukunya aronsu ake yi, gama su ɗin za a mayar. Kuɗi da hatsi kuwa rance ne, kwatankwacinsu ake biya. Wannan shi ne bambancin da malaman fiƙihu ke yi tsakanin ariya da ƙardu. To, sai malami ya nuna wa yaro cewa "ari" da "ranci" duka "borrow" ne, "ara wa" da "ranta wa" kuma duka "lend" ne.

Tambaya ta biyu a kan "yes" da "no" take. In aka ce wa Bahaushe, "Ba ka ci abinci ba?" sai ya ce "I", nufinsa maganarka gaskiya ce, ban ci ba. Bature kuwa in aka ce masa "Haven't you eaten?" alhali bai ci ba, "No" zai ce, domin amsarsa abin da ya auku take bi, ba ta kula da yadda aka yi tambayar. Wannan ya fi na fari haɗari. Likitan da ya tambayi majinyaci da Turanci ko bai sha magani ba, aka ce masa "Yes", zai ɗauka an sha, ga shi kuwa ba a sha ba. Mutanen Japan irin hanyar Hausa suke bi. Faransanci kuma yana da "si", Larabci yana da "bala", musamman don warware korarriyar tambaya. Maganin abin shi ne a hana yara amsa da kalma ɗaya, a saba musu da "No, I haven't" da "Yes, I have", har su zauna musu a baki.

Tambaya ta uku ita ce jumlar nan "I am hearing smell". Kuskure biyu ne a cikinta. Na ɗaya, kalmar "ji" faɗinta ya kai na kalmomin Turanci biyar. Muna jin magana, muna jin wari, muna jin zafi, muna jin ɗanɗano, muna jin Hausa; Bature kuwa sai ya ce "hear", "smell", "feel", "taste", "understand". Yaro da "hear" ya fara gamuwa, sai ya ɗora mata kayan sauran. Na biyu, ya ɗauka ko'ina Hausa ta ce "ina", Turanci "I am" zai ce. Amma aikatau masu nuna hali ko mallaka ba su cika karɓar wannan siffa a Turanci ba. Daga nan ne "ina da littafi" ke komawa "I am having a book", maimakon "I have a book".

Wannan hanya ta gwama harshe da harshe ba sabuwa ba ce. Robert Lado na Amurka ya shimfiɗa ta a littafinsa na 1957, ko da yake daga baya masana sun gane ba dukan kuskure ne ke fitowa daga harshen gida ba. Haka kuma ba duk abin da ya saɓa wa Turancin Ingila ne kuskure ba. David Jowitt ya tattara Turancin Nijeriya a littafi a 1991, a 2020 kuma ƙamus na Oxford ya shigar da kalmomi 29 na ƙasar nan, har da "Kannywood". Amma mai duba takardar jarrabawa da daidaitaccen nahawu yake awo, saboda haka lalle ne yaro ya san abin da za a karɓa daga gare shi.

Shawarata ga masu horad da malamai ita ce, kowane ɗalibi da za shi gwajin koyarwa ya tafi da littafi, ya riƙa rubuta kuskuren da ya ji ana maimaitawa, sa'an nan ya juya shi Hausa kalma da kalma. In ya ga jumlar ta fito Hausa sosai, to ya gano tushen cutar, sai ya rubuta jumlolin biyu a kan allo, yara su ga inda harsunan suka rabu. Masu magana sun ce sai an san asalin rigima ake raba ta.