Lauyan farko na Arewa

Lauya shi ne mai tsaya wa mutum a gaban alƙali. Wanda bai san doka ba yana iya rasa gonarsa, ko da shi ke da gaskiya.

Kafin 1955, babu lauya ko ɗaya ɗan Arewacin Najeriya. A shekarar nan ne Abdulganiyu Abdulrazak, mutumin Ilori, ya zama lauya a Ingila. Da ya komo gida, sai ya kama aiki a Zariya.

A 1960 ya shiga majalisar dokoki ta Kaduna, a 1964 kuma ta Ikko. A kotu, da dokar da ya tarar yake aiki. A majalisa kuwa, da shi ake yin ta. Sojoji sun rushe majalisar a 1966. Ya rasu a 2020, yana da shekara 92.