Ko Kun Sani? Ruwan Bashin Gida Kan Fi Uwar Kuɗi Yawa

A Amurka, wanda ya ranci dala 300,000 don sayen gida, a kan ruwa kashi 7 cikin ɗari duk shekara har shekara 30, zai biya kusan dala 718,500, ruwa kaɗai ya haura dala 418,000. Biyan wata dala 1,996 ne, amma a watan farko dala 1,750 ruwa ne zalla, domin a kan ragowar bashi ake lissafa shi. Wani zai ce dogon wa'adi yana rage nauyin biyan wata. Gaskiya ne, sai dai da wa'adin shekara 15 ne, ƙarin dala 700 a wata zai rage ruwan zuwa kimanin dala 185,400.